Wasiƙa ga Habibu kan kundayen waƙoƙin Anitta

Assalamu alaikum Malam Habibu,

Bayan gaisuwa mai yawa, ya iyali, ya sanyin can? Ka tambayi ta inda za ka fara sauraron Anitta, mawaƙiyar nan ta Brazil. To, ka bi gangar, kada ka bi harshen.

Sunanta na yanka Larissa de Macedo Machado, an haife ta a 1993 a unguwar Honório Gurgel ta birnin Rio. Ta taso da funk carioca, kiɗan unguwannin talakawa mai bugu da sauri, kimanin 130 a minti ɗaya. A kundinta na farko, Anitta (2013), inda "Show das Poderosas" take, an tausasa wannan kiɗa don gidajen rediyo su karɓa. Ritmo Perfeito (2014) kana iya tsallake shi. Bang! (2015) kuwa pop ne sosai, gangar ta koma baya.

A 2017 ta sauya dabara: waƙa ɗaya kowane wata daga Satumba zuwa Disamba, da sunan CheckMate. Biyu da Turanci, ɗaya da Sifaniyanci tare da J Balvin, mawaƙin Kolombiya, sai ta rufe da "Vai Malandra", funk zalla da Fotugis. Wannan ta ƙarshen ce ta girgiza Brazil. (Bidiyon dai ba na kallo a gaban yara ba ne, na faɗa maka.)

Inda aka samu tangarɗa shi ne Kisses (2019) da Versions of Me (2022). Na farko waƙa goma ne cikin harsuna uku, kowacce da bidiyonta da halinta daban. Na biyu ya haɗa reggaeton (kiɗan rawa na Latin Amurka) da rock da pop. Taura biyu ba ta taunuwa, balle biyar: kowace waƙa ta nufi kasuwa daban, sai kundin ya rasa fuska ɗaya. Duk da haka daga ciki "Envolver" ta fito, ta hau mataki na ɗaya a jerin duniya na manhajar waƙoƙi ta Spotify a Maris 2022.

Ta bar kamfanin waƙoƙi na Warner a 2023 ta koma na Republic, sannan Funk Generation ya fito a Afrilu 2024. Waƙoƙi gajeru, yawancinsu ba su kai minti uku ba, ganga a gaba, murya na binta. Shi za ka fara ji, da lasifika mai ƙarfi, don ta waya tana cinye bugun ƙasan. Sannan ka koma 2013.

A gaida Hajiya da yara.

Naka,
Nasiru