Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Todd Boehly, Shugaban Ƙungiyar Ƙwallon Ƙafa Ta Chelsea

Yallabai,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina rubuto maka wannan wasiƙa ne daga Kaduna, garin da aka haifi Celestine Babayaro, wanda komawarsa Chelsea a 1997 ce ta sa da yawa daga cikinmu muka fara goyon bayan ƙungiyar, tun kafin kuɗin Roman Abramovich, tsohon mai ƙungiyar, su shigo a 2003, kuma tun kafin Mikel Obi ɗan Jos ya ɗaga kofin Zakarun Turai a 2012. Aikin akanta nake yi, saboda haka ina kallon wasa a gidan kallo kamar kowa, amma ina kuma karanta abin da ake bugawa game da lissafin kuɗin ƙungiyar, kuma abin da na gani a lissafin ne ya sa na ɗauki alƙalami.

Ba zan rage maka komai daga abin da ka cim ma ba. Ka shiga kamfanin Guggenheim Partners a 2001, ka gina sashen bayar da rance na kamfanin har ka zama shugabansa, sannan a 2015 ka kafa naka kamfanin, Eldridge. A 2012 kai da Mark Walter da abokan hulɗarku kuka sayi ƙungiyar besbol ta Los Angeles Dodgers a kan fiye da dala biliyan 2, lokacin da mutane da yawa ke cewa kun yi wauta, sai ga shi shekara guda bayan haka kun ƙulla yarjejeniyar nuna wasanni a talabijin ta shekara 25 wadda darajarta ta haura dala biliyan 8. Dodgers ta ci gasar ƙasar a 2020, ta sake ci a 2024. Mutumin da ya yi wannan ya san ciniki, kuma na fahimci dalilin da ya sa, da gwamnatin Birtaniya ta ƙaƙaba wa Abramovich takunkumi a watan Maris na 2022, ka ga cewa irin wannan dama ce ta sake faɗowa. A watan Mayu na 2022 kai da kamfanin zuba jari na Clearlake Capital kuka sayi Chelsea a kan fam biliyan 2.5, tare da alkawarin zuba wasu fam biliyan 1.75 a ƙungiyar.

Sai dai gasar Amurka ba ta korar kowa zuwa ƙaramin rukuni, ko da kuwa ƙungiya ta ƙare a ƙarshen teburi, alhali a Ingila kaka ɗaya mara kyau tana iya raba ƙungiya da kuɗin gasar Zakarun Turai baki ɗaya. Mun ɗanɗani wannan a kakarku ta farko, inda aka sallami koci Thomas Tuchel a watan Satumba, aka kawo Graham Potter aka sallame shi a watan Afrilu, aka ƙare a mataki na 12 da maki 44. Wannan ya wuce, kuma ba shi ne dalilin wasiƙar ba.

Abin da ya dame ni shi ne yadda ake daidaita littafin lissafi, da kuma waɗanda ake sadaukarwa domin a daidaita shi. A lokacin da kuka shigo, dokar gasar Firimiya ta hana ƙungiya yin asarar da ta wuce fam miliyan 105 cikin shekara uku, kuma mun ga an kwashe wa Everton da Nottingham Forest maki saboda karya ta. Hanyar da kuka bi ita ce dogon kwantiragi, domin idan aka sayi ɗan wasa ba a rubuta kuɗinsa gaba ɗaya a shekarar da aka saye shi, ana raba su ne a kan shekarun kwantiraginsa. Enzo Fernández ya zo a watan Janairu na 2023 a kan kusan fam miliyan 107 da kwantiragin shekara takwas da rabi, wanda ke nufin abin da ke bayyana a littafi kowace shekara bai wuce fam miliyan 13 ba. An yi wa Mykhailo Mudryk irin wannan, haka ma Moisés Caicedo da aka saya fam miliyan 115. Dabarar ba ta saɓa wa doka ba a lokacin, amma ta yi yawan da hukumar ƙwallon ƙafa ta Turai, UEFA, ta taƙaita rabon zuwa shekara biyar a tsakiyar 2023, gasar Firimiya kuma ta bi sahu a watan Disamba. Duk ɗan kasuwa a nan ya san cewa bashin da aka tsawaita lokacin biyansa yana nan bai tafi ko'ina ba, yana jiran ranarsa ne kawai.

Ɗaya ɓangaren lissafin shi ne mai ciwo. Yaron da ya tashi a makarantar horar da matasa ta Cobham ba a saye shi da ko kwabo ba, saboda haka duk abin da aka sayar da shi riba ce tsantsa da ake rubutawa nan take. Wannan ne ya mayar da 'ya'yan gida hajar da ta fi kowace saurin fita. Mason Mount ya shiga Chelsea yana ɗan shekara shida, shi ne ya miƙa wa Kai Havertz ƙwallon da ta ba mu kofin Zakarun Turai a 2021, amma a 2023 aka sayar da shi ga Manchester United. Conor Gallagher ya shafe mafi yawan kakar 2023 zuwa 2024 yana ɗaure da kambun kyaftin, kaka na ƙarewa aka miƙa shi ga Atlético Madrid. Ruben Loftus-Cheek da Callum Hudson-Odoi da Lewis Hall da Ian Maatsen duk sun bi wannan ƙofa. Na san kowannensu yana da nasa labarin, wasu kwantiraginsu ya kusa ƙarewa, wasu kuma su suka nemi tafiya, amma idan mutum ya jera sunayen ya duba lokutan cinikin, zai yi wuya ya yarda cewa koci ne kaɗai ya yanke waɗannan shawarwari. Manomi yakan sayar da hatsi ya biya bashi, amma idan ya fara taɓa irin da ya ajiye domin shuka, maƙwabta sukan fara tambayar ko lafiya.

Bayan 'yan wasa sai aka koma kan kadarori. An sayar da otal biyu da ke harabar filin wasanmu na Stamford Bridge a kan fam miliyan 76.5 ga wani kamfani da yake naku ne, sannan a 2024 aka sayar da ƙungiyar mata a kan kusan fam miliyan 200 ga kamfanin da ya mallaki Chelsea ita kanta. A wurin akanta wannan fitar da kuɗi ne daga aljihun dama a zuba a na hagu. Gasar Firimiya ta amince, UEFA kuwa ba ta lissafa irin wannan ciniki a matsayin kuɗin shiga, kuma a watan Yuli na 2025 ta ci tarar ƙungiyar yuro miliyan 31. Otal sau ɗaya ake sayar da shi, ƙungiyar mata ma haka, don haka nake son sanin abin da ya rage a sayar idan shekara mai wuya ta sake zuwa.

Za ka iya amsa mini da kofuna, kuma kana da gaskiya har wani matsayi. A 2025 mun doke Real Betis 4 da 1 muka ɗauki kofin Conference League, sannan muka lallasa Paris Saint-Germain 3 da nema a wasan ƙarshe na gasar ƙungiyoyin duniya, kuma Cole Palmer da aka ɗauko daga Manchester City ciniki ne da ko maƙiyi zai yaba. Daren nan ba mu bar gidan kallo ba sai da mai janareto ya kashe mana wuta. Amma murnar ba ta amsa tambayar da ke ƙasa ba, wadda ta shafi irin masu kuɗin da kuke. Clearlake ke riƙe da fiye da kashi 60 cikin ɗari na ƙungiyar, kuma kamfanin zuba jari irinsa kuɗin mutane yake juyawa, waɗanda ke jiran a mayar masu da uwa da riba cikin wa'adi. Magoyin baya ba shi da wa'adin fita. Mutanen Strasbourg na Faransa, waɗanda kuka sayi ƙungiyarsu a 2023, sun daɗe suna ɗaga kyallaye suna ƙorafin an mayar da su gonar renon 'yan wasan wata ƙungiya, kuma bai kamata a yi watsi da kukansu ba don kawai mu ne muke cin moriyar tsarin.

Abin da nake roƙo shi ne ka fito da bakinka, ba ta hannun majiyoyin da ba a ambata sunansu a jaridu ba, ka faɗa wa magoya baya shekara nawa kuke da niyyar riƙe ƙungiyar, da nawa aka kashe daga fam biliyan 1.75 da aka yi alkawari, da kuma matsayar da aka cim ma a kan filin wasa, wanda har yanzu mutum dubu 40 da ɗoriya kawai yake ɗauka alhali na Arsenal da Tottenham sun haura dubu 60. Sama da duka, ina roƙon a kafa ƙa'ida a rubuce cewa ba za a sayar da yaron da ya tashi a Cobham ba sai koci ya tabbatar ba ya buƙatarsa, domin Reece James da Levi Colwill da ƙannensu da ke tasowa su san cewa ƙwazonsu a fili ne zai yanke makomarsu, ko da kuwa ranar rufe littafin lissafi ta ƙarato.

Na gode da lokacinka.

Naka,
Wani magoyin bayan Chelsea daga Kaduna