Zuwa ga mutumina na Kumasi, kan maganar gyaran hoto

Assalamu alaikum mutumina,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. Ya Kumasi, ya ruwa? Ya jikin Kawu, ya kasuwar goro? Ina fatan uwargida da yara duk suna lafiya. Saƙon muryarka, inda kake tambayar manhajar da za ka koyi gyaran hoto da ita, ya iso tuntuni, na saurare shi har ƙarshe, har da zakaran maƙwabtanku da ya yi ta katse ka. Amsar ce ta fi ƙarfin saƙon murya, shi ya sa na ce sai na sami zama na rubuta, ka ajiye ka riƙa dubawa. Ku Zagezagi in an gaya muku abu da hantsi, kafin la'asar kun ce ba a yi ba.

Albishirinka tukuna, kuma goro fari nake so, tunda a kan buhunsa kake kwana. A ƙarshen Oktoban 2025 kamfanin Canva ya saki manhajar Affinity kyauta. Ita ce wadda wani kamfanin Ingila mai suna Serif yake sayarwa kashi uku, ta hoto daban, ta zane daban, ta tsara littafi daban. Canva ya sayi kamfanin a 2024, yanzu kuma ya haɗe ukun wuri guda. Ka buɗe asusun Canva, ka sauke, shi ke nan. Kayan AI ne kawai suka kulle sai wanda ya biya, kuma kai ba su kake buƙata ba yanzu. Tana hawa Windows da Mac. GIMP ma, wata manhajar gyaran hoto ta kyauta, ta farka. Ɗalibai biyu ne suka fara ta a jami'ar Berkeley ta Amurka tun 1995, kuma a watan Maris na 2025 aka fitar da GIMP 3.0. A da in ka ɗora wa hoto wani gyara a cikinta ya zauna ke nan, yanzu kana iya komawa ka rage ko ka cire shi gaba ɗaya. Rashin wannan shi ne abin da ya sa da yawa suka guje ta a baya.

Photoshop kuwa har yanzu ita ce uwa, ba na musu. Sai dai tun 2013 Adobe ya daina sayar da ita, haya ake yi wata-wata, da dala, kuma tana son RAM, wato ƙwaƙwalwar aiki ta kwamfuta, aƙalla giga 8 kafin ta yi numfashi. Ban san ƙarfin laftof ɗin da ka saya ba, ka duba ka gaya mini. Na san wani zai ce ka kawo ya loda maka ta bayan gida a kan kuɗi kaɗan. Don Allah kada ka yarda. Ban da maganar haƙƙin mutane, na ga kwamfutar wani mai shago a layinmu ta kulle da hotunan biki na mutane a ciki saboda irin wannan lodin, ya rasa bakin da zai yi wa iyayen amarya bayani. In wani ya turo maka fayil ɗin Photoshop, wato PSD, ka shiga Photopea ta burauza ka buɗe. Mutum ɗaya ne ya gina ta, Ivan Kutskir, kyauta ce, talla kawai za ka jure, kuma fuskarta kusan ɗaya da Photoshop. A waya kuma Snapseed ta Google ta ishe ka.

Amma ni abin da nake so ka ji shi ne, kada ka ɓata wata guda kana zaɓen manhaja. Ɗauki ɗaya, ka koyi abu uku a cikinta, duk inda ka je za ka tarar da su: leya, maski, da wanda aka rubuta wa Curves. Leya ita ce ka ɗora gyaranka a saman hoton ba a jikinsa ba, asalin yana ƙasa ba a taɓa shi ba. Tun 1994 Photoshop ta zo da ita, amma har gobe akwai masu shago da ke gogewa a jikin hoto kai tsaye, in sun ɓata sai salati. Maski kuwa ka tuna salatif ɗin da masu ƙunshi ke manna wa amarya a ƙafa: inda aka rufe lalle ba ya kamawa, inda aka bari ya kama. A maski baƙi yana rufewa, fari yana buɗewa, kuma ba abin da ya goge, in ka wuce gona da iri ka juya launin burushi ka dawo da shi. Curves shi ne layin nan da ke miƙe a karkace. Ƙasansa duhun hoto ne, samansa haske, tsakiya kuma nan fatar mutum take zama.

Ga inda ukun suke haɗuwa. Ango ya sha farar shadda, an tsayar da shi a rana bayan ɗaurin aure. Kyamara ba ta san shadda ba, ita dai duk abin da ta gani ƙoƙari take ta mayar da shi tsaka-tsaki, ba fari ba ba baƙi ba. Farin rigar ya cika mata ido, sai ta rage haske, fuskar ango ta nutse, hula ta ƙara mata inuwa. Ɗan koyo zai ja hasken hoton gaba ɗaya, fuska ta fito, amma aikin wuyan rigar da aka biya kuɗi mai yawa a kansa ya ƙone, ya zama fari fat babu zare ko ɗaya. Kai kuwa sai ka buɗe Curves a leya ta daban, ka ɗaga tsakiyar layin kaɗan, ka cika maskin da baƙi, ka ɗauki burushi mai laushi ka shafa fari a fuska da wuya da hannuwa. Kada ka manta hannuwa. Shadda tana nan da ƙyallinta, ango ya fito da kamanninsa.

Af, maganar ango ta tuna mini. Dogo ya yi ta biyu, ka ji? Ni na ɗauki hotunan. Duk cika bakin nan da yake yi a majalisa, da aka zo sayen baki sai ga shi yana zufa yana neman Auta ya yi masa magana. Ya ce in gaishe ka, kuma wai har yanzu yana jiran agogon. Mai shayinmu ya tashi daga bakin masallaci ya koma kusa da mai faci, an ce saboda kwata. Malam ya tambaye ka ranar Juma'a, na ce kana nan kana tara sidi.

To, ga abin da ya fi damuna, shi ne ma ya zaunar da ni rubutun nan. Da ka buɗe shago, buƙatar farko da za a kawo maka ita ce "a ɗan haska ni". Amare, zawarawa, har 'yan takara. Akwai bambanci tsakanin ka fito da hasken da kyamara ta cinye, da ka canja wa mutum fatar da Allah Ya ba shi. Na farko aikinka ne, domin kayan hoto sun daɗe ba sa yi mana adalci. Shekara da shekaru katin da Kodak ke ba masu wanke hoto su gwada launi da shi hoton Baturiya ne, da fatarta ake saita inji. Saboda haka in baƙin mutum ya fito babu ido babu hanci, gyara shi wajibi ne. Na biyun kuwa, in ka ja fata ta wuce iyakarta sai ta koma toka-toka, jinin jikinta ya gudu, fuska fara wuya baƙi, kunne kuma ya tona asiri. Ni nakan zaunar da amarya in nuna mata biyun a allo gefe da gefe. Ba duka ke yarda ba, wasu su tafi wani shagon, kuma ina jin zafin kuɗin. Amma mafi yawa in suka ga fatarsu ta fito sumul da ɗuminta, da kwalli da jan lalle sun zauna daidai, nasu suke zaɓa.

Abin ya fi muni a tsofaffin hotuna. Kwanaki wani bawan Allah ya shigo da hoton mahaifiyarsa, Allah Ya jiƙanta, baƙi-da-fari, irin na situdiyon da, tana zaune a kujera da mayafi a kafaɗa, gefe ɗaya ruwa ya taɓa, ga karaya ta ratsa ta kan goshi. Ya riga ya kai wani wuri an zuba shi a manhajar waya mai AI. Ya nuna mini abin da aka ba shi: mace kyakkyawa, fata kamar ta jariri, haƙora jere. Bagobira ce, zanen da ke kumatunta duk an share, manhajar ta ɗauka tabo ne. Hancin ma ba nata ba ne. Ya ce mini ƙannensa sun ce wannan ba Inna ba ce, kuma gaskiyarsu. Waɗannan manhajoji ba dawo da abin da ya ɓace suke yi ba, ƙirƙiro fuska suke daga tarin fuskokin da aka horar da su a kai, kuma masu bille da kalangu ba su da yawa a wannan tarin. Na sa asalin a sikana a kan 600 dpi, wato ɗigo 600 a kowane inci, na adana kwafi ɗaya ban taɓa shi ba, na bi karayar da Healing da Clone, kayan cike tabo da kwafin wani wuri mai kyau, a leya ta daban, ɗigo-ɗigo, na bar zanen yadda yake, layi-layi daga gefen baki zuwa kunne. Inda ruwa ya cinye gefen mayafi na cike, don mayafi ba shi ne mutum ba. Da ya zo karɓa bai ce komai ba sai addu'a. Ka riƙe wannan, mutumina, domin a zango akwai dattawa masu zane iri-iri, na Hausawa da Mosawa da Dagomba, kuma 'ya'yansu za su kawo maka hotunansu. Ban ce kada ka taɓa AI ba. Tun 2023 Photoshop ke da Generative Fill, kayan AI mai cike gurbi a hoto, kuma wajen cire wayar lantarki ko robar ruwa daga bayan ango yana da sauri ƙwarai. Fuskar mamaci ce ban yarda a ba shi ba. Hoton fasfo da na biza ma kada ka gyara fuska ko kaɗan, ofisoshin jakadanci suna mayar da shi.

Sai maganar adanawa, wadda ba wanda ke son ji sai ta cije shi. Hoton da aka adana a tsarin JPEG, duk lokacin da ka buɗe ka gyara ka sake adanawa, yana zubar da wani abu. Ka ajiye aikinka a fayil ɗin manhajar mai leyoyinsa, JPEG sai a ƙarshe, na miƙa wa mai shi. Tambari ko duk abin da ba ka son bango a bayansa, adana shi a tsarin PNG. In za a wanke hoto, lissafin 300 dpi ne: ƙaramin nan mai inci 4 da 6 yana son fiksel 1200 da 1800. Bana babba da za a kalla daga nesa ba ta buƙatar haka. Masu wankin hoto tsarin launin allo, sRGB, suke so, amma masu buga kalanda da fasta da katin biki da tsarin launin tawada, CMYK, suke aiki, kuma shuɗi da koren da ke walƙiya a allo sukan dushe a takarda. Ka juya launin zuwa CMYK da kanka ka gani kafin ka kai, kada mai biki ya ce ka canja masa kalar anko. Wajen aiki da CMYK Affinity ta fi GIMP. Masu buga takardu da yawa a nan Kano CorelDRAW suka sani, na tabbata can ma za ka tarar da irinsu, to ka kai musu PDF a huta.

Allonka ma ka rage masa haske. In ya cika haske za ka riƙa ganin hoto ya yi, a takarda ya fito da duhu. Kuma ka ce wa masu kawo aiki su turo hoto a WhatsApp a matsayin fayil, ba ta hanyar da aka saba ba, don matse shi yake yi. Wanda aka yi ta turawa daga waya zuwa waya har ya zo hannunka, babu manhajar da za ta raya shi.

Hajiya ta ce a tambaye ka ko da gaske ne yaron naka ya fara jin Asantanci fiye da Hausa. Ta ce in haka ne a turo shi hutu ta gyara masa baki. Batun filin nan kuma ka kira Yaya da kanka, ni na gaji da zama ɗan aike tsakaninku.

Ka ɗauki hoton Kawu a bakin rumfa, ɗaya a inuwa ɗaya a rana, ka gyara, ka turo mini asalin da gyararren duka a matsayin fayil in gani. In na tarar ka share masa bille, ko ka mayar da shi Balarabe, a majalisa zan nuna. Goron kuma ka ba direban da ya kawo na bara, ya san shago.

Ka gaida Kawu da uwargida da yara, da duk mutanen Aboabo.

Wassalam,
Naka na Kano