'Yan sanda ba sa raba gado, amma kare marayu aikinsu ne

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a wannan jarida domin in yi tsokaci a kan yadda ake jawo 'yan sanda cikin rikicin gado a inda bai kamata ba, alhali kuwa idan aka zo wurin da ake buƙatarsu da gaske, sai a neme su a rasa.

Bara wani dattijo ya rasu a unguwarmu, ya bar mata 2 da 'ya'ya 11 da gida mai shaguna a ƙofarsa. Tun ba a yi sadakar arba'in ba babban ɗansa ya sayar da shagunan, da ƙannensa suka hana mai sayen shiga sai mai sayen ya garzaya caji ofis ya ce sun yi masa kutse. Aka kama biyu daga cikinsu, suka kwana a tsare, ba a sake su ba sai da suka sa hannu a wata takarda cewa sun janye. Bayan 'yan makonni kuma aka watso wa amaryar marigayin kayanta waje, aka sauya kwaɗon ɗakinta, tana cikin takaba da goyo a bayanta. Da yayanta ya kai ƙara wannan ofishi, amsar da ya samu ita ce maganar cikin gida ce, su je su sasanta.

A karon farko 'yan sanda sun shiga hurumin da ba nasu ba. Sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana a kama mutum saboda saɓanin da ba na aikata laifi ba, haka ma sashe na 8 na Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta 2015. Tantance wanda ya mallaki gida, ko nawa ne rabon kowa, aikin alƙali ne, kuma ga Musulmi kotun shari'a ce ke da wannan hurumi, har zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a wadda sashe na 277 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba ta ikon duba al'amuran gado da wasiyya da kyauta da waƙafi. Takardar da aka sa mutum ya sa wa hannu yana tsare a caji ofis, yana neman a sake shi ya koma gida, ba ta soke rabon da Allah ya yanke masa a Suratun Nisa'i, kuma babu DPO, wato shugaban caji ofis, da zai iya rage wa matar mamaci tumuninta.

A karo na biyu kuwa sun guji aikin da doka ta ɗora musu. Kare rai da dukiya shi ne tushen aikin ɗan sanda, kuma duka da barazana da fasa ƙofa da ƙirƙirar takardun bogi laifuka ne ko da wanda ya aikata su uwa ɗaya uba ɗaya suke da wanda aka yi wa. A ganina nan ne kuskuren yake: jami'i yana tambayar ko masu rigimar 'yan gida ɗaya ne, maimakon ya tambayi ko an aikata laifi. Abin takaici kuma, kalmar nan ta “maganar cikin gida” ba a cika tunawa da ita ba sai idan mai ƙarar ba shi da kowa.

Ko da sun yi aikinsu yadda ya kamata, kariyar da za su iya bayarwa tana da iyaka, kuma ya kamata magada su san haka. Za su iya hana zubar da jini yau, su gargaɗi mai barazana ko su gurfanar da shi, amma ba za su kafa sansani a ƙofar gidan kowa ba har a gama shari'a. Abin da ke hana a sayar da gida a bayan idon marayu shi ne umarnin kotu na dakatar da ciniki, kuma ko bayan an yanke hukunci ma'aikatan kotu ne ke zartar da shi, 'yan sanda rakiya kawai suke yi musu. Mu ma da namu laifin, domin mukan bar gado shekara da shekaru ba a raba ba da sunan kunya ko zumunci, har shaidu su mutu, takardu su ɓace.

Ina kira ga kwamishinonin 'yan sanda na jihohinmu da su umarci jami'ansu su riƙa rubuta irin wannan ƙara, su ɗauki mataki a kan ɓangaren laifin, su tura batun mallaka gaban alƙali ko zaman sulhu na mai unguwa da limami da Hisba. Matar da na ambata ta ƙarasa takabarta a gidan yayanta, shari'ar gadon kuma har yanzu tana gaban kotu.

Naka,
Wani mai karatu daga Kano