Wasiƙa Kan Ƙanenka da Sana'ar Kyamara

Aminina,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, ya iyali, ya sanyin Yamai? Na ga saƙonka cewa ƙanenka na son zuwa Kano ya koyi ɗaukar fim. Allah Ya sa albarka. Ka ce masa kada ya yi gaggawar sayen kyamara, ya fara koyon haske tukuna.

Jarrabawarsa ta farko ita ce baƙar fata cikin farar shadda a tsakar rana. In ya buɗe idon kyamara don fuska ta fito, rigar za ta ƙone ta zama fari fat, ko zaren aikin wuya ba za a gani ba. In ya rufe don riga, fuska ta nutse. Maganinsa ya auna haske a kan rigar, sannan ya ɗaga fuskar da farin allo mai mayar da haske, a riƙe shi daga ƙasa, ɗan gefe kaɗan. Tsakanin ƙarfe 11 da 3 rana na saman kai, sai ta haƙa ramin inuwa a idanu. Ya shigar da 'yan wasa inuwar zaure ko ta darbejiya, ko a jira bayan la'asar. Kuma kada ya fita lokeshan babu filtar rage haske. Irin wadda ake kira ND64 tana rage mataki 6, kowane mataki na rage rabin hasken.

Sai maganar wuta. Lantarkinmu, nan da wajenku, yana bugawa sau 50 a sakan, shi ya sa muke ɗaukar hoto 25 a sakan, ƙiftawar kyamara, wato tsawon lokacin da take barin haske ya shiga a kowane hoto, kuma 1/50 na sakan. In yaro ya kwafi saitin 'yan Amurka, masu bugu 60, sai ya ga hoton na rawa da zane-zane a ƙarƙashin fitila. Janareta ma in kaya suka yi masa nauyi yana jawo haka. A ma'aunin launin haske da ake kira Kelbin, hasken rana wajen 5600 ne, jan ƙwan fitila 3200. In aka haɗa su a ɗaki ɗaya ba a daidaita ba, rabin fuska shuɗi rabi ja.

A hirar mutum biyu, ya ja layi a ransa tsakaninsu, kada kyamara ta tsallaka shi, in ba haka ba a wajen tacewa za su fito kamar gefe ɗaya suke kallo. Da hunturu kuwa, kada ya canza gilashin kyamara a waje, ƙura ɗaya ta zauna ciki sai ta bi kowane hoto. Aikin ranar kuma a kwafe shi a faifai biyu kafin a goge kati.

Ya zo da niyyar yin yaron kyamara, ɗaukar batir da jan waya, yana kallon inda maigidansa ke dasa fitila. Ka sanar da ni ranar da zai taso in tare shi a tasha. Ka gaida Baba da Inna.

Naka har kullum.