Ɗan daudu ma yana biyan harajin kasuwa

Malam Edita, assalamu alaikum. Ina gaishe ka da aiki.

Na saurari shirinku kan mutanen da aka haifa maza amma suke rayuwa irin ta mata, da fafutukar da suke yi don doka ta san da zamansu. Masu bugo waya kusan duk tsinuwa suka yi, sai ka ce abin jiya ya sauka daga Faransa. Haba jama'a, a Maraɗin nan wa bai san 'yan daudu ba? Wa bai ci girkinsu a gidan biki ba?

Ba a ƙasashen Turawa kaɗai ake wannan gardama ba. Kotun ƙolin Indiya ta amince da jinsi na uku a 2014. Pakistan, ƙasar Musulmi, ta yi doka a 2018 da ta ba su damar rubuta jinsin da suka zaɓa a katin ɗan ƙasa, har kotun shari'ar Musulunci ta soke wasu sassanta a 2023. Ni ban nemi a sauya wa kowa kati ba. Wannan tsakanin malamai ne da masu doka, ni tuwo nake saidawa.

Abin da ya dame ni daban ne. Shekara 11 muna jere a tasha da wani ɗan daudu, ni da tuwo, shi da soyayyar kaza. Mai karɓar haraji bai taɓa tsallake teburinsa ba. Ranar da ɗana ya kwanta asibiti, shi ya tsare mani tukwane kwana huɗu, ko dala ba ta ɓata ba. Bara samari suka tare shi da dare, suka fasa masa baki, suka ƙwace jika 40, cinikin sati guda. Ni na raka shi kai ƙara, zanensa duk jini. Wanda muka tarar ya dube shi sama da ƙasa ya ce, "To, kai zan rubuta ko ke?" Aka kwashe da dariya. Haka muka fito, ba a rubuta komai ba.

Masu shekaru sun tuna Nuwamban 2000, lokacin tarzomar bikin nunin tufafi na FIMA, yadda aka bi gidaje ana ƙonawa a garin nan. Tun daga ranar tsoro bai bar 'yan daudu ba.

Don Allah, Malam, in za ku sake shirin, ku kira ɗaya daga cikinsu ya yi magana da bakinsa. Kuna iya ɓoye sunansa. Maƙwabcina ya ce zai zo, in dai bayan la'asar ne, ya gama suya.

Taku mai sauraro,
wata mai tuwo, Maraɗi