Wasiƙa ga Malam Habibu Game da Littattafan Tsofaffin Lambunan Ingila

Kano,
12 ga Nuwamba.

Zuwa ga aminina Malam Habibu,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana cikin ƙoshin lafiya kai da iyali, ina sanar da kai cewa saƙonka ya iso tare da hotunan da ka ɗauka a fadar Blenheim da ke kusa da Oxford a Ingila. Yaya sanyi, yaya kuma haƙuri da baƙunta? Mu nan iskar hunturu ta fara kaɗawa, kowa lafiya sai godiya.

Ka nemi in zaɓa maka abin da za ka karanta a kan tsofaffin lambunan Ingila da yadda aka tsara su. Kafin in ambaci ko da littafi ɗaya, ka yi min izini in gyara wata magana da ka yi, domin a kanta shawarata za ta tsaya. Ka rubuta cewa ka yi mamakin yadda Allah ya hore wa wurin tafki da tuddai da kurmi, kowanne a inda ya dace. Haƙiƙa Allah ne ya halicci ruwan da ƙasar, amma wannan tafkin da ka tsaya a bakinsa aikin hannu ne. Wata ƙaramar ƙorama ce mai suna Glyme take ratsa kwarin, sai shahararren mai tsara lambu Lancelot Brown ya datse ta a aikin da ya fara a 1764, ruwa ya taru ya cika kwarin har ya haɗiye ɗakunan da ke ƙasan babbar gadar da John Vanbrugh ya gina tun da farko. Gwanintar masu wannan sana'a ita ce su yi aiki mai cin dukiya da gumin ɗaruruwan leburori, sa'an nan su ɓatar da sawunsu har baƙo ya ɗauka haka wurin ya tashi. Littattafan da nake so ka karanta su ne waɗanda za su nuna maka sawun. Shi ya sa ba zan tura ka ga manyan littattafan nan masu hotuna da ake sayarwa a shagunan ƙofar fita ba, ko da yake suna da daɗin kallo.

Ka kuma lura cewa kalmarmu ta lambu ta yi wa abin kaɗan. Mu idan an ce lambu, sai hankali ya tafi ga fadama da komai na albasa da tumatir da mai ban ruwa. Abin da ake magana a nan fili ne na ɗaruruwan eka, wani lokaci dubbai, wanda ya kewaye gidan mai sarauta ko attajiri. Zan ci gaba da cewa lambu don babu wata kalma da ta fi kusa.

Idan kana son ganin hanyar gaba ɗaya kafin ka shiga lunguna, littafin Jenny Uglow na 2004 mai suna A Little History of British Gardening ya isa, kuma harshensa mai sauƙi ne. Amma wanda nake so ya zauna a teburinka shi ne The Genius of the Place, wanda John Dixon Hunt da Peter Willis suka fitar a 1975. Su ba labari suka ba da ba, tattaro rubuce-rubucen mutanen zamanin suka yi, daga 1620 zuwa 1820, suka bar su suna magana da bakinsu. Sunan littafin ya fito ne daga waƙar da Alexander Pope ya yi wa Lord Burlington a 1731, inda ya shawarci mai tsara lambu da ya fara tuntuɓar ɗabi'ar wurin kafin ya taɓa komai. A ciki za ka ga maƙalar Francis Bacon ta 1625, wadda ta buɗe da cewa Allah Maɗaukaki ne ya fara dasa lambu, za ka kuma ji Joseph Addison a 1712 yana ƙorafin yadda ake yi wa bishiyoyi aski ana mayar da su siffar ƙwallo ko dala. Ƙorafin nasa yana da tushe, domin a lokacin salon da ake yayi shi ne na Faransa da Holan, irin wanda André Le Nôtre ya shimfiɗa wa Sarki Louis na 14 a Versailles: miƙaƙƙun hanyoyi, da tafkuna masu kusurwa huɗu, da kowane abu na dama yana da ɗan'uwansa a hagu.

Daga nan sai ka nemi maƙalar Horace Walpole, The History of the Modern Taste in Gardening, wadda ta fito fili a 1780, ka karanta ta duka, don gajeriya ce. Shi ne ya faɗi maganar da kowa ke maimaitawa a kan mai tsara lambu William Kent, cewa ya tsallake shinge sai ya ga ashe duk halitta lambu ce. Shi ne kuma ya ɗaukaka wata dabara da suke kira ha-ha, wato gwalalo da ake haƙawa a iyakar ciyawar gida, a gina katanga a cikinsa ta yadda kanta ba zai wuce doron ƙasa ba. Tumaki da shanu ba za su iya tsallakowa ba, amma wanda ke zaune a tagar gida ba ya ganin iyaka, sai ya ga kamar ciyawar ƙofarsa ta zarce har gindin sama. Sai dai ka karanta Walpole da hankalinka a tare da kai. Ɗan Robert Walpole ne, wanda ake lissafawa a matsayin firaministan Birtaniya na farko, kuma ya rubuta tarihin ne kamar mai yi wa ƙasarsa kirari: a wurinsa lambun Ingila alamar 'yanci ne, na Faransa kuwa alamar mulkin danniya. Marubuta da yawa da suka biyo baya sun haɗiye wannan labari ba tare da sun tauna ba.

Tun da kana Oxford, ka yi sa'a, domin aikin Kent da ya fi kowanne tsira daga sauye-sauye yana arewa da kai kaɗan, a Rousham, a bakin kogin Cherwell. Ya yi shi ne daga 1738 don Janar James Dormer, kuma har yau gidan yana hannun zuriyar dangin. Ka je bayan ka gama Walpole, ka bi hanyar a hankali, za ka ga yadda ake ɓoye maka abu sai ka karya kwana ya bayyana. Kent mai zane ne kafin ya zama mai lambu, ya kuma yi shekaru a Italiya, saboda haka yana tsara wuri ne kamar hotuna da aka jera, irin zane-zanen Claude Lorrain da attajiran Ingila ke sayowa daga tafiye-tafiyensu.

Shi kansa Brown, wanda aka haifa a Kirkharle ta Northumberland a 1716, ya kama aiki a babban lambun Stowe a 1741, ya rasu a 1783, bai bar littafi ba. An laƙaba masa suna Capability ne saboda yawan gaya wa masu ƙasa cewa filinsu yana da halin gyaruwa. Dorothy Stroud ta rubuta tarihinsa a 1950, Jane Brown kuma ta fitar da nata, The Omnipotent Magician, a 2011. Ɗaya ya ishe ka. Salonsa ba shi da wuyar ganewa idan ido ya saba: ciyawa har bakin gida, rukunin bishiyoyi nan da can, kurmi ya yi wa filin ɗamara, sai tafki mai lanƙwasa wanda aka ɓoye ƙarshensa don a zaci kogi ne. Duk wannan da shebur da baro da amalanken doki aka yi shi, gindin tafkin kuma da yumɓu ake daɓe shi don kada ruwa ya tsiyaye. Abin da ke ba ni sha'awa game da shi shi ne ya san ba zai ga girman bishiyoyin da yake dasawa ba, kai ne da ka je bana ka ga abin da ya hango.

Yanzu na zo kan littafin da, in da ɗaya tak za ka karanta, shi zan ce ka ɗauka: Polite Landscapes na Tom Williamson, 1995. Williamson masanin tarihin ƙasa ne, kuma tambayoyinsa sun sha bamban da na masu yabon kyau. Yana tambaya ne wa ya mallaki filin, me ake yi da shi, wa aka bari ya shiga, wa kuma aka kange a waje. Ya nuna cewa filin nan mai kama da wurin shaƙatawa kawai yana ba da kiwo da katako da wurin farauta, kuma kurmin da ya kewaye shi yana raba mai gida da baƙinsa na alfarma daga manoman da ke biyan sa kuɗin haya. Bayan ka karanta shi ba za ka ƙara kallon ha-ha da ido ɗaya ba. Ka nemi labarin Milton Abbas a Dorset, inda Joseph Damer ya rushe garin da ke kusa da gidansa a shekarun 1770, ya mayar da mutanen sabon ƙauye a wani kwari inda ba zai hango su ba, Brown kuma yana cikin masu aikin. Masu yawon buɗe ido na yau suna ɗaukar hoton ƙauyen suna yaba tsarinsa. Ka kuma duba gidan Harewood kusa da Leeds, wanda Brown ya tsara filinsa: dukiyar dangin Lascelles da suka gina shi ta fito ne daga sukari da gonakin rake na tsibiran Karebiyan, inda bayi 'yan Afirka ke aiki. Ban faɗi wannan don in rage maka jin daɗin kallo ba. Ni ma na tsaya a irin waɗannan wurare na ce masha Allah. Na faɗa ne don mai karatu irinka bai kamata a ba shi rabin labari ba. Idan lissafin kuɗin ya ja hankalinka, Roderick Floud ya bi shi dalla-dalla a An Economic History of the English Garden na 2019, inda ya auna kuɗin da aka kashe a wancan zamani da darajarsu ta yau.

Magajin Brown a sana'a shi ne Humphry Repton, wanda ya rasu a 1818, shi kuwa ya yi rubutu sosai. Ka leƙa Observations on the Theory and Practice of Landscape Gardening na 1803, amma abin da ya fi shahara da shi shi ne jajayen littattafan da yake yi wa kowane mai gida: zane ne na launin ruwa da ke nuna filin yadda yake, da wata 'yar takarda da ake ɗagawa sai a ga yadda zai koma bayan gyara. Dabarar talla ce, kuma ta ci kasuwa. Yawanci da jar fata ake yi musu bango, wadda Turawa ke kira fatar Maroko, sunan da suka daɗe suna kiran jemammiyar fatar akuya irin wadda fatake ke ɗauka daga Kano da Sakkwato su ratsa Sahara da ita. A 1794 Uvedale Price da Richard Payne Knight suka far wa salon Brown, suna cewa ya aske ƙasa ƙwal ya mayar da ko'ina iri ɗaya, Repton kuma ya kare shi. Abin da Hunt da Willis suka tsakuro na wannan muhawara ya wadatar, kada ka ɓata watanni a kanta.

Zamanin Sarauniya Victoria zan wuce shi da sauri, don ɗakunan gilashinsa da jerin furanninsa masu kama da darduma ba su taɓa kama zuciyata ba. Abu ɗaya kawai ka riƙe: Joseph Paxton ya tsara filin shaƙatawa na Birkenhead, wanda aka buɗe wa jama'a a 1847, Ba'amurke Frederick Law Olmsted ya ziyarce shi a 1850, daga baya kuma ya shiga aikin Central Park na New York. Ta nan salon da aka ƙirƙira don mutum ɗaya ya zama na kowa.

Na ƙarshe su ne masu furanni. William Robinson, mutumin Ailan, ya yi wa dasa furanni sahu-sahu tawaye a The Wild Garden na 1870, yana kiran a bar tsirrai masu jure yanayi su yaɗu kamar da kansu suka fito. Gertrude Jekyll kuwa, wadda ta fara da zane kafin idonta ya raunana, ta mayar da ilimin launi kan ƙasa. A littafinta Colour in the Flower Garden na 1908 ta bayyana yadda ta jera doguwar kunyar furanninta a Munstead Wood: ta fara da launin toka da shuɗi da fari, ta hau a hankali zuwa ruwan ɗorawa da ja a tsakiya, sa'an nan ta sake saukowa. Rubutunta na mai aiki da hannu ne, babu ƙawa a ciki. Ka ambata cewa kana sha'awar yin irin ciyawar lambunan Ingila a filinka na gida idan ka dawo. Ciyawar Ingila 'yar ruwan sama ce da ke sauka kusan kowane wata, ba ta san rani na wata bakwai ba, kuma yawancin furannin Jekyll ba za su ga ƙarshen bazararmu ba. Ka ɗauki yadda take lura da haske da inuwa da lokacin hudar kowane tsiro, ka bar mata jerin sunayen.

Tsofaffin littattafan nan, daga Walpole zuwa Jekyll, ana samun su kyauta a intanet, a Internet Archive musamman. A bugun ƙarni na 18 za ka ga harafin s yana kama da f, kada ya ruɗe ka, cikin kwana biyu ido zai saba. Sababbin kuwa ɗakin karatun jami'arku ba zai rasa su ba. Gidaje da yawa suna rage lokacin buɗewa da sanyi, saboda haka ka yi karatun yanzu da dare ya yi tsawo, ka bar ziyarar lambunan Stowe da Stourhead sai watan Afrilu ko Mayu. Idan ka je Rousham ka aiko min da hoton ha-ha daga ɓangaren da dabbobi suke, don kowa daga ɓangaren gida yake ɗauka.

Ka gaishe min da uwargida da yara. Su Hajiya da dukan mutanen gida suna gaishe ka. Allah ya ba da sa'ar karatu, ya dawo mana da kai lafiya.

Wassalam.

Naka,
Lawal