Ba Duk Masu Sabon Salo Ne Suka Ƙi Mulkin Kama-Karya Ba

Malam Edita,

Na karanta rahoton da jaridarku ta buga kwanan baya a shafin adabi, wanda ya nuna cewa marubuta da masu zane na Turai da suka karya tsoffin ƙa'idojin fasaha a farkon ƙarni na 20 duk abokan gābar mulkin kama-karya ne. A ganina an yi wa tarihi kwaskwarima.

Tabbas gwamnatin Hitler ta tsane su. A 1937 ta baje kolin ayyuka kusan 650 a birnin Munich da sunan "gurɓatacciyar fasaha", aka rataye su a cunkushe, aka rubuta kalaman ba'a a jikin bango domin jama'a su yi dariya. Sai dai cikin waɗanda aka tozarta har da mai zane Emil Nolde, wanda shi kansa ɗan jam'iyyar Nazi ne mai ƙin Yahudawa. An kwashe ayyukansa fiye da 1,000 daga gidajen adana fasaha, aka hana shi sana'arsa a 1941, amma duk da wannan wulaƙanci bai daina neman yardar gwamnatin ba. A Italiya kuwa, marubuci Marinetti, jagoran masu sabon salo a ƙasar, yana cikin taron da Mussolini ya kafa ƙungiyarsa ta Fasist a Milan a 1919, Ezra Pound kuma, Ba'amurke marubucin waƙoƙi, ya riƙa yi wa gwamnatin Mussolini farfaganda a rediyon Roma lokacin Yaƙin Duniya na Biyu.

Ina roƙon ku buga sharhi na biyu da zai bi waɗannan mutane ɗaya bayan ɗaya, ya bambance wanda aka zalunta da wanda ya yi wa azzalumi roƙo, domin ɗalibanmu suna kafa hujja da shafinku.

Wassalam,
Wani malamin adabi, Zariya